Amsoshin Tambayoyinku: Eksiren Da Ke Fitowa Daga Taurari

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum. Barkanmu da warhaka, barkanmu kuma da sake saduwa a cikin shirin Amsoshin Tambayoyinku. A makon jiya mun ambata a taƙaice cewa akwai na'urorin hangen nesa da ke shawagi a sararin samaniya waɗanda ba hasken da ido ke gani suke kallo ba, hasken eksire suke kallo. Mun faɗa mun wuce, ashe maganar ta tsaya wa mutane a rai. Wasiƙu da saƙonnin waya suka yi ta shigowa, shi ya sa muka tattara su wuri guda, yau shirin kacokan a kansu zai tsaya.

Wasiƙar farko daga Gusau ta fito, daga wata baiwar Allah da ke aikin ɗaukar hoton ƙashi a asibiti. Ta ce: "A wurinmu in za a ɗauki hoton ƙirji, mara lafiya zai tsaya, inji yana gefe guda, farantin fim yana ɗaya gefen. To shi tauraro wa ke haska shi, wa kuma ke ajiye masa faranti a baya?"

Malama, sannu da aiki, Allah ya ba da lada. Tambayarki ta mai sana'a ce, kuma daidai inda mutane ke ruɗewa kika taɓo. Abin da kike ɗauka a asibiti inuwa ce. Injinki ne ke fitar da hasken, ya ratsa tsoka da sauƙi, ƙashi ya tare shi, sai siffar ƙashin ta fito fara a jikin fim. A sama kuwa babu mai haska komai. Tauraron da kansa shi ne injin. Shi ke fitar da eksiren, mu namu kawai mu tara faranti mu karɓa. Ba cikin tauraro ake leƙawa ba kamar yadda kike leƙa ƙirjin mutum, wutar da yake fesowa ake aunawa.

Shi eksire haske ne, ɗan'uwan wannan da muke gani da ido, ɗan'uwan kuma igiyar rediyon da ke kawo muku muryata a yanzu. Bambancinsu a zango yake. Ku da kuka saba murɗa akwatin rediyo kun san mita 49, mita 31, mita 19. Wannan lambar tsawon zangon igiyar ce. A yi ta gajarce zangon nan, har ya zama in an raba milimita ɗaya gida 2,000 kashi ɗaya ne tsawonsa, to an iso hasken da ido ke gani. A ƙara gajarce shi sau ɗaruruwa ko dubbai, har ya koma kamar faɗin ƙwayar zarra, an iso eksire. Iya gajartar zango, iya ƙarfin naushin hasken, dalilin da ya sa yake huda tsoka ke nan. Wani Bajamushe, Wilhelm Röntgen, shi ya gano shi a garin Würzburg ranar 8 ga Nuwamba, 1895, kuma da yake bai san ko mene ne ba sai ya laƙaba masa harafin X, wanda masu lissafi ke sa wa abin da ba a sani ba. Hoton hannun matarsa, da zobe a yatsa, yana cikin na farko da ya ɗauka. A 1901 shi ne mutum na farko da ya karɓi kyautar Nobel a fannin fiziks.

Me ke sa abu ya fitar da eksire ba tare da inji ba? Mafi yawa zafi ne. Ki tsaya a maƙera ki kalli ƙarfe a cikin wuta: da fari baƙi ne, ana zuga sai ya yi ja, ya koma ruwan goro, in wuta ta kai wuta ya yi fari. Launin yana sauyawa ne saboda zangon hasken yana gajarcewa yayin da zafi ke ƙaruwa. Fuskar Rana zafinta kimanin digiri 5,500 ne, shi ya sa akasarin haskenta irin wanda ido ke gani ne da maƙwabtansa. Kafin abu ya riƙa ƙyalli da eksire sai zafinsa ya kai digiri miliyan ɗaya ko fiye, ko kuma a samu ƙwayoyin lantarki suna gudu dab da gudun haske a cikin maganaɗisu mai ƙarfi. Saboda haka duk inda aka ga eksire a sama, to akwai tashin hankali a wurin: ko tauraro ya fashe, ko wani yana cin wani. Ni dai wannan ne ya fi tsaya mini a rai. Mutum zai ɗaga kai da dare ya ga sama lumui, Zara na kusa da wata, Kaza da 'ya'yanta na nan inda kakanninmu suka bar su, alhali a cikin saman nan akwai wuraren da wuta ke ci irin wadda babu kamarta a duniya, idonmu ne kawai ba a halitta shi ya gan ta ba.

Sai saƙon wata uwa daga Maraɗi. Ta ce: "In har sama tana zubo da eksire, mu da muke kwana a tsakar gida da yara lokacin bazara, ba zai yi mana illa ba? Ai ko a asibiti ba a son mai ciki ta yi hoton."

Hajiya, ku ci gaba da shimfiɗa tabarmarku a tsakar gida, hankali kwance. Ko ɗigo ba ya isowa ƙasa. Iskar da ta lulluɓe duniya, wadda muke gani kamar ba komai ba, in aka auna nauyinta daidai take da ruwa mai zurfin mita 10 a bisa kanmu. Tun daga can sama, nisan gomman kilomitoci, take shanye eksiren tas. Rahama ce ta Ubangiji da muke ciki dare da rana ba mu ma san da ita ba.

Sai dai garkuwar nan ita ce kuma labule. Ko a ƙolin dutsen da ya fi kowane tsawo aka kafa na'ura, ba za ta ga eksiren taurari ba, dole sai an fita bayan iska. Wannan ya sa fannin bai daɗe ba, akwai dattawanmu da yawa da suka girme shi. A 1949 wani masani Ba'amurke, Herbert Friedman, da abokan aikinsa suka ɗora na'urar awo a kan rokar V-2, irin waɗanda Amurka ta kwaso daga Jamus bayan yaƙin duniya na biyu, suka harba ta daga White Sands a jihar New Mexico. Suka tabbatar Rana na fitar da eksire. Amma ba shi da yawa, kuma da aka buga lissafi aka ga in sauran taurari irin Rana ne, to da nisan da ke tsakaninmu da su babu na'urar wancan zamani da za ta ji ɗuriyarsu. Da yawa suka ɗauka magana ta ƙare.

A watan Yunin 1962 wani matashi haifaffen Italiya, Riccardo Giacconi, tare da Bruno Rossi da wasu, suka harba wata roka daga wannan wuri. Abin da aka ba su kuɗi su nemo shi ne eksiren da ake zaton wata na mayarwa in Rana ta haska shi. 'Yan mintoci kaɗan rokar ta yi a bayan iska ta faɗo. Na wata ba a samu ba. Amma an fita farautar zomo sai aka yi kiciɓis da giwa: wani abu ne mai tsananin ƙarfi a wajen burujin da malamanmu ke kira Akrabu, wato Kunama. Aka sa masa suna Scorpius X-1. Nisansa da mu tafiyar haske ce ta kimanin shekara 9,000, kuma ku tuna haske yana cin kilomita 300,000 a daƙiƙa ɗaya. Eksiren da yake fitarwa kaɗai ya ninka dukkan hasken Rana sau dubbai masu yawa, amma a madubin hangen nesa na yau da kullum ɗan tauraro ne dishi-dishi wanda ba wanda ya taɓa kula shi. Bayan shekara 40, a 2002, Giacconi ya karɓi kyautar Nobel saboda wannan hanya da ya buɗe.

Akwai wani ɓangare na tarihin da nake son mu 'yan Afirka mu sani. Tauraron ɗan'adam na farko da aka ƙera musamman domin kallon eksiren sama, daga nahiyarmu ya tashi. Na hukumar NASA ta Amurka ne, amma an harba shi daga wani dandali na Italiya mai suna San Marco da ke cikin teku kusa da garin Malindi a Kenya, saboda wurin yana dab da tsakiyar duniya inda juyawar ƙasa ke taimaka wa roka. Ranar 12 ga Disamba, 1970 aka harba shi, ranar da Kenya ke cika shekara 7 da samun 'yanci, sai aka raɗa masa suna Uhuru, wato 'yanci da harshen Suwahili. Kafin ya daina aiki a 1973 ya tattara jerin wurare 339 masu fitar da eksire. A yau kuma, wata na'urar Jamus mai suna eROSITA ita kaɗai, a sakamakon da aka fitar a farkon 2024, ta lissafa kusan 900,000 a rabin sama.

Tambaya ta uku ta shafe mu kai tsaye, mu ma'aikatan rediyo da ku masu sauraro. Wani dattijo ne mai shago a Agadas, ya ce ya daɗe yana sauraron gajeren zango. Ya rubuto: "Wani lokaci da rana tsaka sai duk tashoshi su ɗauke gaba ɗaya, ba guda ɗaya ba. In canja batir, in ja eriya, shiru. Can an jima sai su dawo da kansu. Wani yaro ya ce mini Rana ce. Gaskiya ne?"

Baba, ruwa ba ya tsami banza, kuma yaron nan ya yi gaskiya. Bari in ɗan tsaya a nan, domin abin da kuka lura da shi da akwatinku na shago shi ne ainihin abin da manyan hukumomi ke sa ido a kai dare da rana.

Duniya a dunƙule take, igiyar rediyo kuwa miƙewa take yi. Abin da ke sa ku kama tashar da ke Turai ko Asiya daga Agadas shi ne, can sama, daga nisan kilomita 100 zuwa 'yan ɗaruruwa, akwai wani shimfiɗi na iska mai ɗauke da lantarki wanda ke aiki kamar rufi. Igiyar gajeren zango ta tashi ta bugi rufin, ta dawo ƙasa a wata nahiya. Amma kafin ta kai rufin sai ta ratsa wani shimfiɗi na ƙasa-ƙasa, tsakanin kilomita 60 zuwa 90, wanda shi ba ya mayar da igiya, shanye ta yake yi. A ranar da lafiya lau, kaɗan yake sha, sauran ta wuce.

Ita kuma Rana, ko da yake fuskarta digiri 5,500 ne, tana da wani rawani na siririyar iska a kewaye da ita mai zafin fiye da digiri miliyan ɗaya, shi ne farin da ake gani a gefe-gefe in an yi husufi cikakke. Daga nan eksirenta ke fitowa. A wasu lokuta igiyoyin maganaɗisun Rana sukan murɗe su sarƙe a inda take da baƙaƙen tabo, sai su tsinke farat ɗaya, wuta ta tartsatsa. A cikin mintoci eksiren Rana ya ninka sau ɗari ko dubu. Minti 8 da 'yan daƙiƙu yake yi a hanya, kuma da yake da gudun haske yake tafe, babu wani gargaɗi da zai riga shi isowa. Yana isowa sai ya cika wancan shimfiɗi na ƙasa-ƙasa da lantarki, shi kuma ya shanye igiyar gajeren zango ƙurmus. Shirun da kuke ji ke nan. Ya kan ɗauki mintoci, wani lokaci awa ɗaya ko fiye, kafin iskar ta huce tashoshi su dawo sannu a hankali. Tun a shekarun 1930 wasu masana biyu, Hans Mögel a Jamus da John Dellinger a Amurka, suka bayyana wannan lamari.

Ga alamomin da za ku gane shi ne. Da rana kawai yake faruwa, domin ɓangaren duniya da ke fuskantar Rana shi ke shan bugun. Duk tashoshin nesa suke ɗaukewa tare. Kuma tashar FM ta garinku ba za ta ko girgiza ba, tunda ita ba ta dogara da rufin sama ba. In ya faru, ku gwada komawa mita 16 ko mita 13, su ne suka fi jurewa kuma su ke fara dawowa, mita 41 da 49 su suka fi shan wuya. In kuwa tasha ɗaya ce ta ɗauke, ko da dare ne, to a nemi dalilin a wani wuri.

Taurarin ɗan'adam na Amurka da ake kira GOES suna auna eksiren Rana ba dare ba rana, kuma an kasa tartsatsin aji-aji: A, B, C, M, sannan X, kowane aji ya ninka na bayansa sau 10. Wanda ya faru ranar 4 ga Nuwamba, 2003 ya fi ƙarfin na'urorin awon kansu, daga baya aka ƙiyasta shi a X28. Abin yana hawa yana sauka ne duk kimanin shekara 11, kuma a watan Oktoban 2024 aka sanar cewa Rana ta shiga ganiyar wannan zagayen. Saboda haka, Baba, in kun ga abin ya yawaita a 'yan shekarun nan, ba akwatinku ne ya tsufa ba. Matuƙa jiragen sama da na ruwa masu amfani da irin wannan zango a tsakiyar teku su ma abin yana shafarsu.

Ba ma Rana kaɗai ba. Ranar 9 ga Oktoba, 2022, wani irin haske da ake kira gama, wanda ya fi eksire ƙarfi, ya iso daga wani tauraro da ya mutu a nisan tafiyar haske ta kimanin shekara biliyan 2. Shi ne mafi ƙarfi da aka taɓa aunawa, kuma duk da wannan nisa sai da na'urori suka ga ya taɓa wannan shimfiɗi na iskar sama. Mu a ƙasa ba mu ji komai ba.

Yanzu sai wani ɗalibi daga Zangon Kumasi a Gana. Ya ce: "Malaminmu ya ce baƙin rami ko haske ba ya iya fita daga cikinsa. To ta yaya aka san yana nan? Ko dai zato ne kawai?"

Ƙanena, madalla da wannan tambaya, matambayi ba ya ɓata. Ka taɓa ganin guguwa a lokacin rani? Iskar ba ka ganinta. Ƙura da kara da ledojin da take juyawa kake gani, da su kake sanin inda take da irin ƙarfinta. Haka baƙin rami yake. Kuma kar sunan ya ruɗe ka, ba rami ba ne irin na rijiya. Gawar ƙaton tauraro ce da ta dunƙule a wuri ƙanƙani, har ƙarfin janta ya kai in abu ya ƙetare wata iyaka ba ya dawowa.

Taurari da yawa biyu-biyu suke, suna kewaya juna. In ɗaya ya mutu ya zama baƙin rami, sai ya riƙa janyo iskar gas daga jikin ɗan'uwansa. Gas ɗin ba ya faɗawa kai tsaye. Kewayawa yake yi, ya zama kamar faifai, na ciki ya fi na waje gudu, suna gugar juna. Gugar nan ke haifar da zafi na miliyoyin digiri, sai faifan ya kama ƙyalli da eksire. Abin da muke gani haske ne na ƙarshe da gas ke fitarwa kafin ya ƙetare iyakar. Wannan faɗawa tana fitar da ƙarfi daga kowane kilo na gas fiye da yadda wutar nukiliyar cikin Rana ke fitarwa, ninki-ba-ninki.

Misalin da ya fara gamsar da masana shi ne Cygnus X-1, wanda aka gano da roka a 1964. Uhuru ya nuna haskensa yana ƙiftawa cikin ƙasa da daƙiƙa ɗaya, kuma abu ba zai iya ƙiftawa da sauri haka ba sai in ƙarami ne ƙwarai. A 1971 da 1972, Louise Webster da Paul Murdin a Ingila, da Tom Bolton a Kanada, suka lura da wani ƙaton shuɗin tauraro a daidai wurin, ana wulwula shi kamar dutse a majajjawa, yana kammala zagaye duk kwana 5.6, amma mai wulwulawar ba a ganinsa. Daga saurin zagayen ake lissafa nauyin abin da ke ɓoye. Awon da aka fitar a 2021 ya nuna ya ninka Rana nauyi sau 21, nisansa kuma tafiyar haske ce ta kimanin shekara 7,200. Abu mai nauyin Rana 21, ba ya haske, kuma faɗin iyakarsa kusan kilomita 125 ne, bai kai nisan Kano zuwa Zariya ba. Babu wani abu da ilimi ya sani da zai cika waɗannan siffofi in ba baƙin rami ba. Su kansu masanan ba su yi saurin yarda ba. Stephen Hawking ya yi musu da abokinsa Kip Thorne a kai a 1974, sai a 1990 ya amince hujja ta isa. Saboda haka ba zato ba ne, awo ne da aka maimaita shekara da shekaru. A tsakiyar gungun taurarin da muke ciki ma akwai wani, mai nauyin Rana kimanin miliyan 4, wanda lokaci-lokaci yake walƙiya da eksire, amma nisansa tafiyar haske ce ta shekara 26,000, ba abin da zai yi mana.

Ba kowane tauraro ne ke zama baƙin rami ba. In nauyin gawar bai kai ba, sai ta tsaya a abin da ake kira tauraron niyutiron: nauyi ya fi na Rana, amma faɗi kimanin kilomita 20, kamar babban birni. Scorpius X-1 da muka ambata irinsa ne. Akwai wani kuma mai tarihi. A shekarar 1054 masana taurari na fadar sarkin Sin suka rubuta cewa wani baƙon tauraro ya bayyana, ana ganinsa har da rana tsawon kwana 23. Wani likita ɗan Bagadaza, Ibn Butlan, shi ma ya bar bayanin wani tauraro mai ban mamaki a wannan lokaci, wanda masana da dama ke ganin shi ne. Yau in aka juya na'ura wurin, a burujin Sauru, ba nisa sosai da Kaza da 'ya'yanta, sai a ga tarkacen fashewar yana ta bazuwa, a tsakiya kuma tauraron niyutiron yana juyawa sau 30 a daƙiƙa ɗaya, yana feso eksire kamar fitilar motar asibiti. Abin da mutane suka gani da ido kusan shekara 1,000 da ta wuce, jikokinsu na kallon ragowarsa da wani irin haske daban.

Daga Garwa a Kamaru, wani mai sana'ar yankan gilashi ya tambaya: "In eksire yana huda abubuwa, da wane irin madubi ake tara shi?"

Malam, ka gano matsalar da ta daɗe tana ci wa maƙeran na'urorin tuwo a ƙwarya. In eksire ya bugi madubi gaba da gaba, shigewa yake yi cikinsa, ba ya dawowa. Amma ka tuna wasan yara a bakin kududdufi. In ka jefa tsingaro daga sama nutsewa zai yi, in ka wurga shi a kwance sai ya yi tsalle a kan ruwa. To haka ake yi wa eksire. Madubin ba kamar kwano yake ba, kamar ganga yake mai buɗaɗɗen baki biyu, mai ɗan tsukewa kaɗan. Hasken ya shigo ya shafi bangon a kwance, ya karkata, ya sake shafar na biyu, ya taru a wuri guda. Wani Bajamushe, Hans Wolter, ya tsara wannan dabara a 1952.

A cikin taurarin ɗan'adam masu irin wannan madubi, wanda ya fi kowane kaifin gani shi ne Chandra, da aka sa wa sunan masanin nan haifaffen ƙasar Indiya ta wancan lokaci, Subrahmanyan Chandrasekhar. Kumbon Columbia ne ya ɗauke shi ranar 23 ga Yuli, 1999, ƙarƙashin jagorancin Eileen Collins, mace ta farko da ta shugabanci irin wannan kumbo. Gangunan madubi huɗu ne, wani cikin wani, an shafe su da ƙarfen iridiyam, an goge su har gargadar da ta rage ba ta wuce kaurin 'yan ƙwayoyin zarra ba. Kai da ka san wahalar goge gilashi za ka fi kowa jinjina wa wannan aiki. Yana yin nisa har kusan sulusin hanyar zuwa wata, yana zagaye duniya cikin kimanin awa 64. An tsara shi ya yi shekara 5, ya haura 25 yana aiki. Turawa ma suna da nasu, XMM-Newton, da aka harba a Disambar 1999, Japan ta harba XRISM a 2023, Indiya da Sin kuma kowacce ta harba nata a Janairun 2024.

Abu ɗaya da ya kamata a sani: launukan da ake gani a hotunan nan, shuɗi da ja da shunayya, masana ne ke sa su domin bambanta ƙarfin hasken. Eksire ba shi da launi a idonmu. Kuma hasken ɗaiɗai yake isowa, ana ƙirga shi ƙwaya-ƙwaya. Akwai wani ɗan yanki na sama da Chandra ya zuba wa ido jimillar daƙiƙa miliyan 7, wajen kwana 81 ke nan, kafin hoton ya cika. Da irin wannan haƙuri aka tabbatar cewa filin da ke tsakanin manyan gungun taurari, wanda ido ke ɗauka wayam ne, cike yake da gas mai zafin gomman miliyoyin digiri, kuma nauyin gas ɗin ya fi na dukkan taurarin wurin in an haɗa su.

Ta ƙarshe daga wani malamin kimiyya a wata sakandare a Bauchi. Ya ce: "Shin tauraron Najeriya mai suna NigeriaSat-X shi ma na eksire ne? Kuma ɗalibaina za su iya shiga wannan fanni daga nan?"

Malam, a'a, sunan ne kawai ya yi kama. NigeriaSat-X, wanda injiniyoyin Najeriya suka haɗa a Ingila aka harba daga Rasha a watan Agustan 2011, ƙasa yake kallo, hotunan gonaki da dazuzzuka da ambaliya aka yi shi ya ɗauka. Amma game da ɗalibanka, ƙofa a buɗe take, fiye ma da yadda mutane ke zato. A wannan fanni babu wanda ke zuwa wurin na'urar, ko Ba'amurke a gaban kwamfuta yake zaune. Bayanan da Chandra da XMM-Newton suka tattara ana sakin su ga kowa, galibi bayan shekara ɗaya, kyauta, kuma manhajojin nazarinsu ma kyauta ne. Abin da yaro ke buƙata shi ne ya riƙe lissafi da fiziks da kyau, ya koyi rubuta manhajar kwamfuta, ya samu intanet. Hukumar binciken sararin samaniya ta Najeriya, NASRDA, tana da cibiyar nazarin taurari a Nsukka, Afirka ta Kudu na horar da ɗalibai daga sassan nahiyar, a Namibiya kuma akwai na'urorin H.E.S.S. da ke farautar hasken gama tun 2002.

Ga wani aiki da za ka iya farawa da su tun wannan zangon karatu, ba tare da kashe ko sisi ba in akwai tsohuwar rediyo mai gajeren zango a gida. Su riƙa kunna ta da rana suna rubuta rana da lokacin da tashoshi suka ɗauke gaba ɗaya, da lokacin da suka dawo. A ƙarshen mako ku buɗe shafin hasashen yanayin sararin samaniya na hukumar NOAA ta Amurka, inda ake wallafa awon GOES, ku gwada da abin da ke littafinsu. Ku dai tuna agogon shafin na GMT ne, sai ku ƙara awa ɗaya. In kun yi, ku rubuto mana abin da kuka samu, za mu karanta shi a cikin shirin, kuma na san Baba na Agadas zai kasa kunne.

Masu sauraro, lokaci ya cim mana. Sauran wasiƙun da ba mu kai gare su ba suna nan a ajiye, da su za mu fara a mako mai zuwa in Allah ya kai mu. A huta lafiya.